Tambayar da Na Nema da Bakina

Da kiɗa na ji labarin mutuwar auren uwata. Ina 'yar shekara tara ko goma, a shekarun farko na mulkin kai, na taso daga lakwal, wato makarantar boko, da rana tsaka, sai na jiyo tende daga wajen gidan kakata. Tende turmi ne da ake ɗaure wa fata a baki, mata su kewaye shi suna bugawa suna waƙa, kuma a Agadas in ka ji shi ka san abin farin ciki ya samu. Na sheƙa da gudu, ina cewa a raina yau akwai nama.

Mun yi watanni a gidan Kaka, ni da Inna. An ce mini Kaka ce ba ta da lafiya, muka zo jinya. Kaka kuwa garau take, tuwon da take ci ya fi nawa, amma ban taɓa kawo komai a raina ba. Da na shiga tsakar gida na tarar da mata maƙil, ana tafi ana guɗa, ga Inna zaune a kan tabarma an yi mata kitso da lalle, baƙin mayafinta na ta ƙyalli. Na ja zanen ƙanwar Inna na ce, "Auren wa ake?"

Ta ce, "Wane aure? Fita ake yi. Uwarki ta gama idda."

"Mece ce idda?"

"Ke, ubanki ya sake ta! Ajiye kayan ki zo ki taka rawa."

Innalillahi! In taka rawa? Gidanmu ya rushe, ga mata manya da hankalinsu suna tafa hannu. Daga baya na gane al'ada ce ta dangin Kaka, mutanen duwatsun Azbin. Su a wurinsu mace in ta fita daga aure ba zaman makoki ake yi ba, kiɗa ake yi gari ya sani ta zama mai ikon kanta. Babana kuwa Bahaushen kudu ne, yadi yake sayarwa a kasuwa, kuma shi a ganinsa wannan tsabar rashin kunya ce. An ce ranar rufe rumfarsa ya yi ya koma ɗakinsa a unguwar Dagmanet. Ni bayan ɗakin girki na ɓuya, na yi kuka har majina, babu wanda ya neme ni sai da aka zo rabon shinkafa.

Ban gama farfaɗowa ba aka ɗaura wa Inna aure da wani mai lambu daga garin Iferwan. Dogo ne siriri, rawaninsa ya rufe baki, Hausarsa a karkace. Yakan zo gari da raƙuma ɗauke da alkama da busasshen tumatir, ya kwana biyu a gidan Kaka ya koma. Inna ta ce in riƙa ce masa Baba. Na ce ina da ubana. Ta kai mini ranƙwashi, na sha, amma ban ce masa Baba ba.

A lakwal labari ya riga ni isa. Wata yarinya mai bakin tsiya ta dube ni a gaban mutane ta ce, "Agola!" Wato 'yar da uwa ta shiga da ita gidan wani miji. Ban tsaya wata-wata ba na cakume ta, na cika mata baki da yashi. Aka kai mu gaban Mushe, malaminmu, wani saurayi daga yankin kogi wanda Hausarsa ma ba ta nuna ba. Na miƙa hannu ina jiran bulala. Ya dube ni ya dube ni, sannan ya buɗe wani akwatin ƙarfe da yake ajiye littattafai a ciki, ya zaro wani ɗan ƙarami mai zane-zane, bangonsa duk ya cinye. Ya ce in tafi da shi gida, in kuwa na yaga shi, shi ma zai yaga ni.

Da Faransanci aka rubuta shi, da ƙyar nake haɗa kalmomin, amma na gama shi, na sake, na sake. Labarin wani yaro ne a bakin teku wanda uwarsa da ubansa suka rabu, uwar ta auri mai gyaran kwale-kwale. Tabɗi! Ashe har Nasara ma suna sakin matansu? Ni da na ɗauka a duk duniya ni kaɗai aka yi wa wannan wulaƙanci. Yaron ya tsani mijin uwarsa, ya ƙi cin abincinsa, yana kwana yana tunanin ko shi ne ya jawo rabuwar saboda rashin jin magana. Nan na ajiye littafin, don abin da ke cina ke nan ban taɓa gaya wa kowa ba. A cikin littafin uwar ta zaunar da shi ta ce ba laifinsa ba ne. Ni babu wanda ya zaunar da ni, to sai na ɗauki maganar tata na riƙe kamar ni ta gaya wa.

A hankali yaron ya fara taya mutumin shafa wa kwale-kwale fenti, har suka saba. A shafi na ƙarshe kuma ga zanen wani alƙali da baƙar riga, ya sunkuyo yana tambayar yaron: wurin wa kake so ka zauna? Yaron ya ce wurin uwarsa, amma zai riƙa zuwa wurin ubansa. Alƙali ya ce shi ke nan. Kowa a zanen yana murmushi, har uban.

Daga ranar na mai da littafin nan jagora. Abin da yaron ya yi, shi nake yi. Ya ƙi cin abinci, ni ma na ƙi dabinon mai lambu, ina haɗiyar yawu. Ya taya aiki, ni ma wata safiya na je na kama bakin buhu ana zuba alkama. Sai idanun mutumin suka yi dariya a saman rawani. Na fara ce masa Kawu, aka wuce wurin.

Da aka ba mu dogon hutu suka tafi da ni Iferwan. Kai, ni da na tashi cikin jan ƙasa da ginin laka, ban san akwai wuri irin wannan ba. Sa ne ke jan guga daga rijiya, ya je ya dawo, ya je ya dawo, ruwa na bin 'yan hanyoyi zuwa cikin kunyoyi. Kawu ya koya mini toshe wannan hanya da ƙafa in buɗe waccan. Na ci rumman har haƙorana suka mutu. Inna ma can ta zama wata daban. Ni 'yar fari ce, ba ta kiran sunana, ba ta yi mini wasa a gaban mutane, amma a lambun nan in babu kowa sai ta jawo kaina kan cinyarta tana duba mini gashi. Nan na yanke shawara: in ranar tambaya ta zo, Inna zan ce.

Ban taɓa shakkar cewa ranar za ta zo ba. Ai a rubuce yake! A lakwal an koya mana ƙasa ta zama tamu, an yi sababbin dokoki, to me zai hana? Abin da ya dame ni kawai yadda zan faɗa ba tare da na ɓata wa Baba rai ba. Don ina son ubana, kada wani ya ɗauka ba haka ba. Kullum in na taso lakwal sai na biya rumfarsa, ya shimfiɗa mini ƙyalle in zauna, ya saya mini gyaɗa. Ba mai yawan magana ba ne. Bai taɓa zagin Inna a gabana ba, bai kuma taɓa tambayata yadda gidan yake ba. Na tsara maganata tsaf, ina maimaita ta a hanyar rijiya: "Ina so in zauna da Inna, amma zan riƙa zuwa wurin Baba." Har awakin Kaka sun haddace ta.

Ba mu daɗe da dawowa Agadas ba labari ya zo cewa Baba zai tattara ya koma kudu, garinsu, don wansa ya rasu kuma babu mai riƙe gida. Ya aiko cewa zai tafi da 'yarsa. Ƙanwar Inna ce ta gaya mini, tana tankaɗe, kamar tana ba ni labarin kuɗin gishiri. Ban firgita ba ko kaɗan. Na ce mata ai sai an tambaye ni. Ta ɗago ta dube ni, ta ci gaba da tankaɗenta.

Ranar zaman, da hantsi, na yi wanka na sa rigar salla ba tare da an ce in sa ba. Maza suka taru a zauren Kaka: limamin unguwa, da Baba, da wan Inna, da Kawu. Mata suna daga ciki, jikin bango, suna saurare. Na ɗauki littafina na zauna daf da ƙofar zaure ina jiran kira. Aka gaisa, aka sake gaisawa. Aka dafa shayi aka sha. Na ji liman yana cewa yarinya ta yi wayo, ta isa komawa hannun ubanta, uban kuma ya yi haƙuri da ya bar ta har yanzu. Wan Inna ya ce haka ne. Kawu ya ce shi da za a bar masa ita da ya riƙe ta kamar tasa, amma ba shi da ta cewa. Sai na ji an ce a shafa fatiha.

Fatiha? Tun yanzu? Ban san lokacin da na banke tabarmar ƙofa na faɗa cikin zauren ba.

"Ba a tambaye ni ba!"

Wan Inna ya zaro ido kamar ya ga akuya ta yi magana. Daga ciki na ji Kaka ta ce, "La'ilaha illallahu, yarinyar nan ta kashe mu." Liman, dattijo mai sanyin hali, ya ce, "Tambayar me, 'yata?"

Na buɗe shafin ƙarshe na kai masa har gaban hanci. Na ce ga shi nan, alƙali yana tambayar yaro wurin wa zai zauna, haka ake yi. Wan Inna ya miƙe zai fitar da ni, yana cewa ga abin da lakwal ke haifarwa. Sai Baba ya ɗaga hannu ya ce a ƙyale ni.

Ya karɓi littafin, ya daɗe yana kallon zanen. Ya rufe shi a hankali ya miƙo mini. Sannan ya ce, "To uwata, ga ni na tambaye ki. Wurin wa kike so ki zauna?"

Uwata yake ce mini, don sunan mahaifiyarsa aka sa mini. Abin da na yi watanni ina jira ke nan, ga shi ya zo. Amma a littafin baƙo ne ya yi tambayar, wani alƙali da yaron bai taɓa gani ba. Ni ubana ne, zaune a gabana a kan buzu, ga liman, ga mutumin da ya auri matarsa yana kallo. Wace 'ya ce za ta dubi ubanta a tsakiyar maza ta ce ba shi take so ba? Wa ya taɓa koya mini yadda ake yin haka? Tun ina rarrafe abin da aka koya mini shi ne in Baba ya yi magana in sunkuyar da kai in ce to.

Na buɗe baki, maganar da na haddace tana nan a kan harshena. Sai na ji wata 'yar murya ta ce, "Wurinka, Baba."

Wayyo Allah! Tawa ce. Na tsaya sandare ina jiran wani ya ce ba a ji ba, in sake. Liman ya ce, "Madalla, Allah ya yi miki albarka." Wan Inna ya koma ya zauna yana gyaɗa kai. Kawu ya ja rawaninsa sama har kusan ido. Baba ya sunkuyar da kai, ya ce alhamdulillahi can ƙasa-ƙasa. Aka shafa fatihar da na katse.

Da na yi shiru tun farko, da tafiya da ni za a yi kawai, Inna ta zauna da sanin cewa ƙwace mata ni aka yi. Yanzu kuwa bango ɗaya ne tsakaninta da zauren, kuma bangon laka ba ya tare magana.

Na fito. Matan suka dare suka ba ni hanya. Na tarar da Inna a ɗaki ta baje zane a ƙasa tana jera kayana a kai, tana ninke kowace riga sau biyu kamar yadda ta saba. Na durƙusa a gefenta na ce, "Inna, ba haka na so in ce ba. Wallahi ba haka ba ne."

Ba ta ɗago ba. Ta kama bakin zanen ta ƙulle, ta ja ƙullin da haƙori.

Ta ce, "Na ji ki da kunnena. Tuɓe rigar sallar nan in sa a ciki, kada ta yi datti a hanya."