Albasata a Mataccen Rafi

Jama'a, abin da zan faɗa muku wallahi a kaina ya faru, ba a bakin wani na ji ba. Shekarun baya na yi noman rani a wani ƙauye ta wajen Zoza, ƙasar Rogo, kusa da wani rafi da ke gangarawa ya faɗa Chalawa. Irin rafin nan ne da ke cika ya batse da damina, da rani kuwa sai yashi fari fat, sai an tona ake samun ruwa.

Ni baƙo ne, da na nemi fili sai mai unguwa ya ce babu, sai dai wani kwari da ake kira Matacce a bayan rafin, wanda ba mai noma shi. Na ga ƙasa baƙa mai danshi, na ce a raina lallai mutanen nan ba su san daɗi ba. Na kafa 'yar bukka, na dasa albasa, duk abin da na mallaka na zuba a ciki. Kaɗaici kuwa kada ku tambaya. Sai in wuni ban ji muryar mutum ba, har injin ban ruwa nake yi wa faɗa in ya ƙi tashi.

Ana nan sai wani dattijo ya fara biyowa bayan azahar, ya yi sallama, mu gaisa har da tambayar iyali, ya zauna a kan kunya. Ko na miƙa masa fura ba ya sha, hirarsa ɗaya ce, rafi. Ya ce da can ta cikin gonata ruwan ke bi, kafin ya sake hanya. Ya nuna min inda marina take, da inda maƙera ke fasa tama su fitar da ƙarfe, yana faɗi kamar jiya ya baro su, kuma gaskiya ina yawan tono tsingaro a wurin. Ban taɓa tambayarsa gidansa ba, tsoro nake kada ya ga na cika bincike ya daina zuwa.

Da bazara ta kama, mutanen garin suka kwashe injinansu, suka cike ramukan da suka tona a yashi. Al'adarsu ce, wai ba wa rafi hanya, don ruwa kan sauka can nesa ya iso nan rana na tsaka, ba hadari ba komai. Na ce wannan bai shafe ni ba, ni ba a rafi nake ba, albasata kuma ba ta gama ƙosawa ba.

Wata rana dattijon ya zo, bai zauna ba.

"Ɗan nan, cire albasarka yau. Bana rafin nan tsohon gidansa zai leƙo."

Na yi dariya na ce, "Baba, sama fa tas take. Bari dai gobe in nemo masu taya ni."

Ya dube ni ya ce, "Ni ma gobe na ce."

Sai a lokacin na lura rigarsa jiƙe take sharkaf har ƙirji, tana ɗiga, a ƙasar da ta yi watanni ba ta ga ruwan sama ba. Ya juya ya bi kwarin ya tafi. Nan take na hau tuge albasa ina jidewa kan tudu, ko rabi ban yi ba na ji ƙugi daga yamma. Ruwa ne jawur, da itatuwa a kansa, ya baro rafin ya biyo Matacce. Bukkata, injina, sauran albasar, duk ya tafi da su ina tsaye ina kallo.

Da na ba mai unguwa labari, bai yi mamaki ba. Ya ce kakanninsu sun ce da can akwai gari a wurin, ruwa ya ci, daga nan ya ɗauki butarsa ya tashi.

Abin da har yau ban iya faɗa wa iyalina ba shi ne, bayan ruwan ya janye na riƙa komawa tudun nan bayan azahar ina jira. Tsoro na nan, amma kewarsa ta fi. Bai sake zuwa ba.

Don Allah, in kun je baƙon wuri kuka tarar da fili mai kyau ba mai noma shi, ku tambayi dalili kafin ku sa fartanya. Ni dai har gobe in na ji mutum ya ce min "sai gobe", tsigar jikina tashi take.