Silifan Baba Yakubu

Ban taɓa mantawa da ranar Larabar nan ba, kuma ba na roƙon Allah ya mantar da ni ita. Ku da kuka zo aikin nan bayan an gama gasar Kofin Duniya, kun tarar ana duba ƙafar kowa a ƙofar sito kafin a miƙa masa inji. Har na ji wasunku suna gunaguni wai an mai da ku 'yan firamare. To, ku gyara zama in gaya muku mafarin abin.

A shekara ta biyu da zuwan korona ne, ƙarshen watan Agusta. Ni ne foman na rukunin da ke kula da wasu filayen atisaye guda biyu a bayan gari, cikin waɗanda ake shirya wa ƙungiyoyin da za su zo gasar. Mutum goma sha ɗaya ne a ƙarƙashina. A kaina akwai mudir, wato manajan aikin, wani Bamisire da muke kira Abu Tarik. Ƙa'ida ita ce, duk lokacin da za a fita aiki foman zai duba kowa da idonsa: tabarau, safar hannu, da takalmi mai ƙarfe a baki. In ya gamsu sai ya sa hannu a fom. Wannan sa hannun shaida ce, kuma shaida abar tambaya ce gobe kiyama.

Injinan yankan ciyawarmu iri biyu ne. Babban, wanda ake hawa, shi ke aske tsakiyar fili. Ƙaramin kuwa tura shi ake yi, da shi ake gyara gangaren da ya kewaye filin. Wuƙarsa tana ƙasa, ba a ganinta, tana juyawa kamar farfela. In ta ci karo da tsakuwa sai ta harbo ta; na ga ranar da ta fasa gilashin motar ruwa. A hannunsa akwai wani ƙarfe da ake matsewa, in ka sake shi wuƙar ta tsaya. Ku riƙe wannan, za mu dawo kansa.

Mai tura ƙaramin injin a rukunina shi ne Baba Yakubu, mutumin Zangon Kumasi. Dattijo ne mai furfura a gemu, sa'an mahaifina, kuma ya riga ni zuwa Doha da shekaru. Alƙur'ani yana ƙirjinsa. Babu masallaci kusa da filin, saboda haka a ƙarƙashin rumfa muke salla, kowa da dardumarsa, da tazara tsakani kamar yadda aka umarta, shi ne limaminmu. Sabonmu ya fara ne ranar da ya leƙo littafin aljihuna ya ga da ajami nake rubuta wa kaina abin da ba na son mantawa.

"Massa," in ji shi, "ashe kai ma ka sha bulalar malam?"

Na ce, "Na sha, Baba, har da ƙari."

Tun daga ranar, in mu biyu ne sai ya ce mini "ɗana", in zai zolaye ni a gaban jama'a sai ya ce "Massa", wato maigida a bakin mutanen Kumasi. Ba ya karanta boko, don haka da ajami nake rubuta masa jadawalin aikin mako.

A watannin zafi doka ta hana aiki a rana daga hantsi har zuwa bayan ƙarfe uku. Mukan dawo fili dab da la'asar, mu yi alwala da ruwan jarka, domin ruwan ban-ruwan ciyawa tacaccen ruwan kwata ne, mu yi salla, sannan a tayar da injina. Ranar Lahadi na lura Baba ya tashi daga salla ya kama inji da silifa a ƙafarsa, takalminsa yana ajiye a gindin rumfa. Gumi ya cinye masa tsakanin yatsu, har wurin ya yi fari ya tsage, in ya cusa jiƙaƙƙiyar ƙafa cikin takalmi kamar an zuba masa barkono yake ji.

Da ɗaya daga cikin 'yan Nepal ɗinmu ne, wallahi daga inda nake zan daka masa tsawa. Amma Baba ne. Sai na bi ta bayan gida, na ce, "Baba, gangaren nan da santsi yau."

Ya ce, "Ɗana, ina tura injin nan tun kana neman biza. Bari ƙafa ta sha iska, in ta bushe zan sa."

Bayan rabin awa kuwa ya sa. Na ce a raina ai ba komai. Na sa hannu a fom.

Ran Litinin da hantsi, ina ɗakina a Ain Khaled lokacin hutun zafi, abin ya tsaya mini a rai. Na san bakina ba zai iya ba, sai na yagi takarda na rubuta masa da ajami, na tsara gaisuwa kamar wasiƙar da ake aika wa uba. Na ce, bayan gaisuwa da girmamawa, ina roƙonsa don Allah kada ya ƙara kama inji ba takalmi, in ƙafar ce ya zauna har ta bushe, ni zan ɗauki nauyin jinkirin. Na naɗe ta na sa a aljihun rigar aiki.

Da la'asar ɗin ranar, bayan Baba ya sallame salla, sai ya ɗaga hannu ya yi wa mahaifiyata addu'a da sunanta, domin ya san tana kwance a gida Kazaure. Ta yaya zan miƙa takardar gargaɗi ga mutumin da ya gama roƙa wa uwata lafiya? Na bari sai gobe. Ran Talata jama'a sun kewaye shi yana ba su dariya, na ce ba a gyara wa babba a gaban yara. Ran Laraba na ce in an tashi, a mota, zan zauna kusa da shi.

Ba mu kai ga motar ba. Famfunan feshi sun jiƙa gangaren gabas fiye da kullum. Baba, da silifa a ƙafa kamar kwanakin baya, ya tura injin ya hau gangaren, ya zo janyo shi da baya, sai silifan ya zame. Kun tuna ƙarfen da na ce in an sake shi wuƙa za ta tsaya? Mai faɗuwa ba ya sakin abin da ke hannunsa, ƙara damƙewa yake yi. Ya faɗi zaune, ya janyo injin bisa ƙafarsa ta hagu. Ƙarar da na ji ba mai girma ba ce, kamar an sare ɗanyen kara.

Na isa na kashe injin. Muka yi abin da aka koya mana: na danne wurin da bandeji mai kauri, aka ɗaga ƙafar bisa jarka, wani ya kira motar asibiti. Yatsu uku ne. Biyu muka samu cikin ciyawa, muka naɗe su a tsabtataccen ƙyalle mai laima, muka sa a leda, ledar kuma a kan ƙanƙara, domin ba a ɗora nama kai tsaye bisa ƙanƙara. Baba bai yi ihu ba. Salati kawai yake yi, gumi yana bin gemunsa. Can ya dube ni ya ce, "Ɗana, danna da kyau, ba ƙwai ba ne."

Saboda korona ba a bari kowa ya bi shi ciki ba. Washegari wani likita Bahaushe, mutumin Gombe, ya kira ni, domin Baba ya ba da lambata a matsayin ɗansa. Ya ce yatsun ba za su ɗinku ba. Wuƙar injin ciyawa ba yanka take kamar aska ba, niƙawa take, ta cusa ƙasa da taki cikin nama, don haka sai an shiga da shi tiyata sau da yawa ana wankewa. Ya ce, "Malam, ku gode wa Allah. Na taɓa karɓar wanda babban inji ya kife da shi a gangare, bai kai la'asar ba." Na dafa aljihun da takardar take ciki.

Bayan kwana huɗu aka kira ni babban ofis a Mushairib. Duk hatsarin da ya kai ga rasa gaɓa sai an rubuta rahoto, foman da mudir su sa hannu, sannan kwamiti ya yanke hukunci. Na tarar Abu Tarik ya riga ya rubuta. Rahoton ya ce ma'aikaci ya cire takalminsa bayan an gama dubawa, ba da sanin foman ba. Na san abin da wannan ke nufi. Wanda ya karya dokar kariya da gangan, in ya warke sallamarsa ake yi, kamfani ya soke zamansa, a sa shi a jirgi. Dattijo mai yatsu bakwai, wa zai ɗauke shi aiki a Kumasi? Ni kuma sunana yana cikin waɗanda za a mayar babban filin wasa in gasar ta matso, abin da kowane foman yake mafarki.

Abu Tarik ba mugu ba ne, ni yake son rufa wa asiri. Ya turo mini biro ya ce, "Fom ɗinka na ranar yana da sa hannu, komai daidai. Yalla, ya Sani, sa hannu, khalas, shi ke nan."

Na ciro takardar na ajiye a gabansa. Gumi ya riga ya ɓata gefenta. Ya ɗauka ya ga baƙaƙen Larabci, ya fara haɗawa, ya kasa. "Wannan Larabcin wace ƙasa ne?"

Na ce Hausa ce, na karanta masa, na fassara. Na gaya masa tun Lahadi nake gani, kuma sau huɗu ina sa hannu a kan abin da na san ba haka yake ba.

Ya zare tabarau ya dube ni. "Me ya hana ka ba shi?"

Na ce, "Sa'an ubana ne. Bayansa nake salla."

Ya gane, domin su ma suna da irin wannan. Ya rage murya ya ce, "Mayar da ita aljihu. Ban gani ba."

Na ce, "Mudir, kwana uku ta yi a aljihu, ka ga abin da ta haifar."

Ya yaga rahoton farko da hannunsa, muka rubuta wani. Kwamiti ya ce laifin namu ne mu biyu, amma mafi nauyi na mai dubawa ne. Aka ba ni takardar gargaɗi, aka cire sunana daga masu zuwa babban fili. Ba zan yi muku ƙarya ba, ya yi mini zafi. Baba kuma aka ce in ya warke a ba shi aikin da ba na tsayuwa ba, wato sito.

Da aka sallamo shi na je masaukinsu ran Juma'a da rana, da lemo da dabino. Yana zaune bakin gado, ƙafar tana kan matashi. Bayan mun gaisa na miƙa masa takardar, na ce, "Baba, saƙonka ne ya makara." Ya karanta a hankali yana bi da yatsa, har ƙarshe.

Ya ce, "Hannunka da kyau. Malaminka bai yi asarar bulala ba." Ya ninke ta. "Da ka ba ni ran Litinin, da na yi fushi."

"Na sani, Baba."

"Ka san har yaushe? Har magariba."

Nan hawaye ya zo mini, na ce ya yafe mini. Ya ce, "Tsaya, Massa, kada ka kwashe laifin duka, ka bar mini nawa. Kana tsammani ban san kana kallon ƙafata ba? Na sani. Na ga kana jin kunyata, sai na shimfiɗa kunyar taka na zauna a kai. Wannan shi ne laifin babba. Ka yafe mini, in yafe maka."

Lokacin gasar, gari ya cika da baƙi da tutoci, ni ina nan filin atisayena ina auna tsawon ciyawa. Baba yana ƙofar sito bisa kujera, da sandarsa. Shi ya roƙi a rataye silifan nan da injin ya raba biyu a jikin bango, shi ne wanda kuke gani har yau. Shi ya sa aka fara ajiye tawul da hoda da busasshiyar safa kusa da wurin alwala. Ba ya miƙa wa kowa mabuɗin inji sai ya ƙwanƙwasa bakin takalminsa da sanda ya ji ƙarfe. Wata rana Abu Tarik da kansa ya zo da takalmin ofis zai ratsa ta inda ake yanka, Baba ya gitta masa sanda ya ce, "Mudir, yatsunka nawa? In goma ne, koma da su yadda ka zo." Mudir ya yi dariya ya koma.

Bara Baba ya ajiye aiki don kansa ya koma Kumasi, da mutuncinsa, ana raka shi filin jirgi. Takardar tana wurinsa, ya ce cikin jakar Alƙur'aninsa yake ajiye ta.

Abin da na koya shi ne, a wannan sana'a ba sabon zuwa ne ya fi shiga hatsari ba, domin shi kowa yana iya tsawata masa. Wanda ya fi shiga hatsari shi ne wanda ake jin nauyinsa. An rene mu da kunya, kuma kunya alheri ce, ba na cewa ku yar da ita. Ku rusuna, ku sassauta murya, ku ja dattijo gefe, amma ku faɗa masa a ranar, kafin a tayar da inji. Yanzu ni ne mai furfura a cikinku. Duk ranar da kuka ga na kama inji ba yadda ya kamata ba, wanda ya fi kowa ƙuruciya ma ya tare ni. Zan yi fushi, na sani. Har magariba ne.