Injiniya da Haruffa Masu Jela

A duk faɗin layin, har da layin baya, babu wanda ya san kan kwamfuta kamar Injiniya. Shi ya faɗa da bakinsa, kuma da yake shagonsa ne kaɗai ake buga takardu a wannan ɓarin titin, ba a samu mai musu ba. Bai taɓa karatun injiniya ba. Sunan ya bi shi ne tun ranar da ya hura wa linzamin kwamfuta iska ya ci gaba da aiki.

Shagon ɗan ɗaki ne a ƙarƙashin bene: tebur, benci, da fanka mai kuka. Abin alfaharinsa wani salon haruffa ne masu lanƙwasa da jela, da ya sauko da shi daga intanet. Sai dai ba shi da firinta mai launi, dole ya tsallaka titi wajen Hajiya mai firinta, ita kuwa kwamfutarta ba ta san wannan salon ba. Da an soka filash, sai ta zubar da masu jelar ta kawo nata, ƙatti, tsaye ƙyam kamar sojoji.

“Injiniya, ka mai da shi PDF mana, haruffan su taho da kayansu,” in ji Hajiya kusan kullum.

“Hajiya, ni ba na tura haruffana su tafi su kaɗai.”

Maganinsa ɗaya ne: ya zare wayoyi, ya rungumi kwamfutar, ya tsallaka titi da ita. Maƙwabta su leƙo: “Sannu Injiniya, jikin nata ne ya tashi?”

Mutum ɗaya ne bai taɓa yarda wannan sana'a ce ba: surukinsa. Baba yakan kira ta “wasan danne-danne”, har a gaban 'yarsa. Saboda haka ranar da Baba ya zo da kansa neman katin liyafar ritayarsa, Injiniya ya ƙudurta yau sai tsohon nan ya ce ya iya.

Ya zuba wa sunan Baba jela har da ta kyauta. Don kada suruki ya gan shi da dakon kaya, ya fara gwada filash. Sojoji suka fito. Ya kifa takardar a teburin Hajiya, ya koma, ya rungumo kwamfutar, wayoyi na jan ƙasa, Baba na tsaye yana kallo. Baba ya biyo shi shagon Hajiya, aka haɗa, aka buga. Katin ya fito da jelarsa cif.

Baba ya kawo shi kusa da hanci, ya miƙar da hannu nesa, ya sa tabarau, ya cire.

“Kai yaro, tururuwa ce ta faɗa tawada ta bi ta kan takardar?”

“Salo ne, Baba.”

“To salon sunan wa ya rubuta?”

Hajiya ta sunkuya tana gyara takardun da ba su buƙatar gyara. Baba ya juya waccan da aka kifa, fuskarsa ta washe.

“Yauwa! Ga rubutu, ko daga bakin ƙofa ka karanta. Ashe dai ka iya aiki, ɓoyewa kake yi.”

Injiniya ya karɓi yabon da hannu biyu, ya ce ai dama zaɓi ya kawo wa Baba. Har yau yana ba da labarin ranar da surukinsa ya sara masa.

Katunan dai da haruffan kwamfutar Hajiya aka buga su.