Gizo-gizo Mai Murfi

Wata huɗu da kwana goma na yi a ɗaki ɗaya da tsakar gida a Badarawa, ina takabar maigidana. Ni da ko zazzaɓi bai taɓa hana ni zuwa makarantar da nake koyarwa ba. Da masu gaisuwa suka ɗauke ƙafa, sai ya rage daga ni sai bango. Ina jin masu Keke Napep suna wucewa, haushinsu na kama ni, alhali ba abin da suka yi mini.

A gindin katanga akwai rabin duro cike da ƙasar da marigayin ya kwaso daga ƙauyensu, can arewacin Katsina, wai zai dasa aduwa. Aduwar ba ta yi ba, amma ƙasar ta zo da baƙo. Marigayin ne ya nuna mini shi: wani gizo-gizo da ya haƙa rami, ya yi masa murfi da ƙasa da yana, kamar marfin kwalba. Ya ce, "Wannan ɗan busasshiyar ƙasa ne, ruwan Kaduna ba nasa ba ne. Ki bar shi, ba ya fita yawo irinki."

A takabar nan gizo-gizon ne ya zama abokin hirata. Da idona na ga murfin ya ɗaga, ya fizge tururuwa ya koma. Na ce masa, "Kai ma a kulle kake, amma kai makullinka na hannunka." Da damina ta sauka, ni kaɗai na ja duron nan zuwa ƙarƙashin kwano, har bayana ya riƙe. In ya mutu, da wa zan yi magana? Kullum bayan la'asar nakan tsuguna in ba shi labarin maigidana, mai ƙasar, in yi kukana in tashi.

Ranar da na fita takaba na yi wanka, na sa sabon zane. Yayata na ƙofar gida tana cewa, "Ke muke jira fa." Na ce ina zuwa. Na sa tsinken tsintsiya na ɗaga murfin don in yi masa sallama.

Ba kowa a ciki. Ramin ya bushe, har ƙasa ta zuba a rabinsa. Ashe ya daɗe da tafiya.

Na zauna daɓas a ƙasa da sabon zanen. Shi ma bai ce mini zai tafi ba.