Zabuwa Biyu da Yaya Ta Kama

Abu na farko da idona ya sauka a kai da na shiga ɗakin shi ne gorar ruwa. Babbar gorar roba ce mai mariƙi, an ja mata layuka da baƙar maka, kowane layi da awarsa: takwas, goma, sha biyu, biyu. Irinta ce sak a gefen gadon yayata, har da yadda alamar takwas ta goge saboda nan yatsa yake kamawa. Na tsaya a bakin ƙofa rungume da jakar makaranta.

"Mujiya ce," in ji wadda ke kwance a kan gadon. "Shigo mana. Idanun nan ko a kasuwa na gan su zan gane."

Yaya ce kaɗai take kirana Mujiya, wai ba na magana sai kallo. Ban san ta gaya wa kowa ba.

Sati uku ke nan da rasuwar Yaya a ranar. Shekararta sha bakwai, ni kuma sha biyu. Da ciwon sikila aka haife ta, kuma a bencin asibiti, ranar ganin likita, ta haɗu da wannan ƙawar tata mai ciwo irin nata. 'Yan ƙabilar Ibo ne, babanta yana sayar da kayan gyaran mota a Kakuri, gidansu yana unguwar Television, mu muna Unguwar Boro. Ba ta samu zuwa jana'iza ba domin ita ma tana kwance a lokacin. Ban taɓa zuwa gidansu ba sai ranar. Kwatancen da na taɓa ji Yaya tana yi wa mai keke napep na bi, bayan an tashi daga makaranta, ban gaya wa kowa a gida ba.

Abin da ya kawo ni yana cikin jakar, naɗe a cikin rigar motsa jiki. Na'urar gem ce ta hannu, Kawu ƙanen Mama ya kawo wa Yaya daga Legas don ta rage zaman gado. A cikin wasan mutum yana yawo a daji da bakin ruwa yana kama wasu halittu, ya raine su, ya sa musu suna, akwai kuma littafi da ke cika shafi-shafi duk lokacin da aka samu sabuwa. Ban taɓa bugawa ba. Nakan zauna a bayan kafaɗarta ne kawai ina kallo, shekara biyu, har na san hanyoyin fiye da yadda na san layukan Unguwar Boro.

Wasan iri biyu aka yi shi. Na Yaya shi ne na tsauni, na ƙawarta na fadama. Labarin ɗaya ne, garuruwan ɗaya, amma akwai halittun da ba sa fitowa sai a na tsauni, akwai waɗanda ba sa fitowa sai a na fadama. Wanda yake son littafinsa ya cika dole ya nemi mai ɗaya irin su yi musanya. Daga baya aka fitar da ƙari a kan wasan, wani tsibiri sabo, Kawu ya sa mata shi da ya zo Kirsimeti. A can ma haka aka raba. Na tsauni ya samu wata zabuwa da ɗige-ɗigen jikinta suke haske kamar garwashi, na fadama ya samu wani damo mai busasshiyar laka a gadon baya. Zabuwar tana da wuyar samu. Yaya ta yi kwanaki tana zagaya gefen wani dutse kafin ta kama ɗaya, sannan ta koma ta sake kwanaki ta kama ta biyu.

"Ɗaya tawa, ɗaya ta waccan marowaciyar," ta ce da ni. "Ranar asibiti za ta ba ni damona."

Ranar asibitin ta zo Yaya tana ɗakin da ba a barin kowa ya shiga sai Mama.

A danginmu ba a barin kayan yarinyar da ta rasu a gida. Matan dangi sukan taru su wanke komai, su shanya, su raba wa 'yan uwa na ƙauye, don kada uwar ta riƙa cin karo da su. Gwaggo, babbar yayar Baba, ita ta jagoranci aikin. Kwana biyu igiyar tsakar gidanmu tana ɗauke da rigunan Yaya. Da aka zo kan na'urar, Gwaggo ta juya ta gaba da baya ta ce jikokinta za su so ta.

"Amma ita ma a wanke ta tukuna."

"Ba a sa mata ruwa fa," in ji Baba.

"Na sani. Ce maka aka yi daga rami na fito? Wayar da aka ba ni bara ai sai da mai gyara ya wanke cikinta tas. Kayan mamaci ba a miƙa wa yaro haka nan."

Baba ya ce zai kai ta wurin mai gyaran waya a Sabon Tasha ranar Juma'a, Gwaggo ta tafi da ita Asabar. Ina tsaye a wurin. Na buɗe baki, sai na tuna ranar da na kunna ta a ɗaki kiɗan farkon wasan ya tashi, Mama ta ajiye tsintsiya ta zagaya bayan gida ta daɗe ba ta dawo ba. Na rufe bakina. Shi ya sa ranar Alhamis na saka na'urar a jaka.

Maman ƙawar Yaya ta shigo da lemo da biskit a faranti. Ta riƙe fuskata da hannu biyu.

"Sannu o, 'yata. Sannu. Mamanki ta san kina nan?"

Na sunkuyar da kai.

"To, ƙarfe huɗu zan sa ki a keke da kaina. Ke kuma," ta juya ga 'yarta, "kada in ji kin ce hannu yana ciwo."

Da ta fita na warware rigar na miƙa na'urar. Ƙawar Yaya ta daɗe tana kallon 'yar sitikar fure da ke bayanta kafin ta karɓa.

"Anti, gobe za a wanke ta, a goge duk abin da ke ciki," na ce. Wannan ce maganata ta farko a gidan. "Ina so ki kwashe su duka zuwa taki."

Na ɗauka abin kamar tura waƙoƙi ne daga waya zuwa waya, a zaɓi duka a danna sau ɗaya. Ta girgiza kai.

"Wasan nan bai san kyauta ba, Mujiya. Ɗaya ta fita, ɗaya ta shiga. Duk wadda na karɓa sai na ba da wata a madadinta. Nawa ne a ciki?"

Sun haura ɗari uku. Agogon bangon ɗakin ya nuna uku saura kwata.

Ta ciro tata na'urar daga ƙarƙashin filo, muka jera su a kan zanin gado. Ta nuna mini inda zan danna. Ban taɓa riƙe ta a matsayin mai wasa ba. Muka fara da alkawarin. Na nemo zabuwa ta biyu, sai ga sunan da Yaya ta sa mata ya fito a allon ƙawarta: Marowaciya.

Ta fashe da dariya har ta riƙe haƙarƙari.

"Ji 'yar rainin hankali! Ni ce marowaciya? Wa ya ba ta kifin nan mai ƙaho? Wa ya ba ta?" Ta juyo allonta ta nuna mini damon. Ita kuma ta sa masa Sarkin Mita. "Kullum sai ta turo saƙo, ina damona, ina damona."

Ta daina dariya. Ta danna. Halittun biyu suka tashi sama a cikin haske, suka wuce juna, kowace ta sauka a gidan da ba nata ba. A ƙarƙashin zabuwar, a na'urar ƙawarta, sunan Yaya yana nan a rubuce. Haka wasan yake: sunan wanda ya fara kama halitta ba ya gogewa ko hannu nawa ta wuce.

A tawa kuma damon ya shiga gurbin ƙarshe na shafin tsibirin. Wani kiɗa da ban taɓa ji ba ya tashi, takarda mai zanen zinariya ta fito tana taya Yaya murna da sunanta. Muka zuba mata ido har allon ya dushe da kansa.

"Anti, in mayar miki da shi? Gobe zai tafi da sauran."

"Nata ne," ta ce. "Ta yi mita a kansa ta ci. Bar shi a wurinta."

Daga nan ta shiga ciyawar bakin gari a nata wasan ta fara kama wasu ɓeraye ƙanana da suke ko'ina, waɗanda ba wanda yake ajiyewa. Kowane ɓera fansar halitta ɗaya. Kamun yana cin lokaci, musanyar ma tana ci, domin dole a jira hasken nan ya tashi ya sauka, ba a tsallake shi.

"Ke za ki zaɓa," ta ce. "Ni ban san na gaban goshinta ba. Ke ce mai ido."

Na san su. Guda shida take yawo da su kullum. Na fara da kwaɗon nan mai lema wanda ta fara wasan da shi, wanda ba ta taɓa cirewa ba ko da ya zama ba shi da ƙarfin sauran. Sai akuya mai ƙaho kamar ludayi, da take turawa gaba idan faɗa ya yi zafi. Sai kifi mai ƙaho.

"Ka dawo gida, ɗan banza," in ji ƙawar Yaya da ta gan shi.

Ɓeraye suna shigowa ɗaya bayan ɗaya suna zama a inda manyan Yaya suke. Ban so ganin haka ba, amma ban ɗauke ido ba. Wajen ta biyar na lura ta daina danna maɓalli da babban yatsa, ta koma amfani da gefen hannu. Wajen ta shida ta cije leɓe. Na san wannan cizon. Na ce mu tsaya, ta ce in yi mata shiru, ai an ce ba na magana.

Mamanta ta leƙo, kallo ɗaya ta yi wa hannun.

"Ya isa. Ajiye."

"Mama, ɗaya kawai. Akwai ɓera ɗaya a hannuna."

"Ɗaya. Ina tsaye a nan."

Niyyata in ɗauko zabuwar Yaya, tata ta kanta, wadda ta fara kamawa. Na shiga akwatunan ajiya ina nema. Yaya ta sa wa kowane akwati suna: Na Faɗa, Kyawawa, Munana Amma Nawa Ne. Na wuce zabuwar ban sani ba saboda sauri, na faɗa akwatin ƙarshe, wanda ban taɓa ganin ta buɗe ba. An rubuta Na Mujiya. Tsuntsu ɗaya ne a ciki, ƙarami, ruwan toka, idanunsa sun kusa cinye fuskar. Ba a raine shi ba, ba a sa masa suna ba, ko faɗa ɗaya bai taɓa yi ba. Ban san yaushe ta kama shi ba, ni da nake ganin babu abin da ya wuce ni a wasan nan.

Na koma baya na kalli zabuwar, ɗige-ɗigenta suna haske suna dushewa. Kwanaki Yaya ta yi a kanta, wasu daga ciki da ƙarin ruwa a hannunta. Na dawo na kalli tsuntsun. Maman tana tsaye da mayafinta a kafaɗa.

Tsuntsun na zaɓa. Har yau idan na tuna sai in ji kamar na ɗauki nawa na bar nata, kuma ban tabbata ba ko da an sake ba ni zaɓin zan canza.

Hasken ya tashi ya sauka. Na kashe na'urar Yaya na naɗe ta a rigar. Guda takwas muka fitar. Washegari Baba ya kai ta Sabon Tasha kamar yadda ya faɗa, ya dawo da ita a leda, ranar Asabar ta bi Gwaggo.

Amma a ranar Alhamis ɗin, da na miƙe zan tafi, ƙawar Yaya ta riga ta juya fuska bango, na'urarta a kan ƙirji.

"Ba zan raine shi ba," ta ce ba tare da ta juyo ba. "Tsuntsun. Ba nawa ba ne."

Maman ta raka ni bakin titi. Rana ta yi sanyi, 'yan makaranta suna ta wucewa, wata mai gasa masara tana hura wuta. Ta tsayar da keke ta gaya wa direban inda zai sauke ni, ta maimaita masa sau biyu. Na sa ƙafa ɗaya a ciki. Tun daga ƙofar gida nake juya maganar a bakina, na san idan keken ya tashi ba zan sake samun ƙarfin zuwa ba. Na sauke ƙafar na kama gefen mayafinta.

"Mama," na ce, "don Allah ki kira mamata ki roƙe ta ta bar ni in riƙa zuwa ranar Asabar. Ba zan dami Anti ba idan tana jin ciwo. Zan zauna ne kawai."