Faifan da Na Sa Aka Gyara

Mahaifina makaɗin fiyano ne, kuma na daɗe ina jin kunyar faɗin haka. Ba irin fiyanon mawaƙan biki ba, wanda ake latsa maɓalli ɗaya ganga ta tashi da kanta. Nasa na katako ne, ƙato kamar kabad, yana jingine a ɗakinsa a unguwar Limawa tun kafin a haife ni. Kakanmu aikin jirgin ƙasa ne ya kawo shi Minna, Baba kuma a wurin shaƙatawar ma'aikatan jirgi ya koyi kiɗan da suke kira jaz, a hannun wani mutumin kudu da ko hotonsa ba mu da shi.

Su uku ne suke kiɗan tare tun suna samari, shi da abokansa biyu. Akwai mai ganga, mai gyaran agogo ne a bakin kasuwa, mutum mai saurin fushi kamar ni. Akwai kuma mai bes, wato ƙaton gogen nan da ake tsayawa a rungume, a riƙa jan tsirkiyarsa da yatsa. Shi Kirista ne, manomin doya daga wajen Bosso, Hausarsa ba ruwanta da mace ko namiji, ni kaina "yaron nan" yake ce mini har na yi 'ya'ya uku. Dukansu Kawu nake ce musu. Duk Asabar bayan azahar sai su haɗu a ɗakin Baba su yi ta abinsu, babu mai kallo sai kajin gidanmu. Zamanin da ake gayyatarsu otal ya wuce tun ina firamare.

Sai hawan jini ya taɓa Baba. Ya tashi, alhamdu lillahi, amma hannunsa na hagu ya yi nauyi, yana zuwa a makare. Likita ya ce ba lallai ya tsaya a haka ba, yana iya ƙaruwa. A nan ne hankalina ya tashi, don na tuna mutanen nan sun fi shekara arba'in suna kiɗa tare, amma babu ko kaset ɗaya da za a sa a ce ga su. Idan hannun nan ya tafi, shi ke nan, kamar ba a taɓa yi ba. Na ce wallahi sai an ɗauke su a faifai, ko da shi kaɗai ne abin da zan yi wa Baba a duniya.

Na samo wani mai situdiyo a Tudun Fulani, dattijo ne daidai gwargwado, ya yi suna wajen waƙoƙin biki da na 'yan siyasa. Ya loda kayansa a keke napep ya zo gida, ya kakkafa makirfo a ɗakin, aka kashe fanka, tsofaffin nan suka yi ta zufa suna kiɗa daga azahar zuwa la'asar. Kiɗa shida suka yi, babu mai waƙa. Ni ina bakin ƙofa ina korar yara.

Da mutumin ya sa mini abin a situdiyonsa bayan kwana biyu, sai raina ya ɓaci. Komai ya shiga. Ga ƙarar kujerar Baba, ga gurnanin da yake yi a maƙogwaro idan kiɗa ya yi masa daɗi, ga tarin Kawu mai bes, har zakaran maƙwabta ya samu shiga. Abin da ya fi ci mini rai shi ne hannun. A kiɗa na uku akwai wurin da hannun hagun Baba ya tsaya cak, sauran biyun suka ja baya suka yi ta juya abu ɗaya a hankali har ya dawo ya same su. Ni abin da na ji a wurin shi ne ciwon ubana a fili, kowa ya saurara ya ce Allah sarki, tsoho ya gama. Ban so a tausaya masa ba, so nake a ce ya iya.

Na tambayi mai situdiyo ko ana iya gyarawa. Ya yi dariya ya ce ai aikinsa ke nan kullum, mawaƙa nawa ne suke zuwa da murya kamar ta agwagwa su fita da ta zinariya. Ya ce zai jera kowane bugu a kan layin na'ura yadda babu mai gaba babu mai baya, ya cire duk hayaniya, gangar Kawu kuma da take tafiya tana dawowa zai ɗora mata ta kwamfuta don ta tsaya daram. Na ce yawwa, haka nake so, ya yi kamar na zamani. Ban tambayi ko ɗaya daga cikin mutum ukun ba. Ni ce mai ɗawainiya, na ɗauka ni ce mai magana.

Ranar da na je karɓa, ya ce kwamfutarsa ta cika, al'adarsa kuma idan mai aiki ya karɓi kayansa yana share na farkon.

Ya ce, "Hajiya, ko in juye miki ɗanyen ki ajiye?"

Na ce, "In yi me da shi? Goge."

Ina tsaye ya goge. Har godiya na yi masa.

Asabar ta zo na sa musu faifan ina ta washe baki. Kiɗa ya fito tas, sumul, kamar tayil ɗin banki. Ba a kai rabin na farko ba Kawu mai ganga ya miƙe ya ce wannan ba hannunsa ba ne, shi bai taɓa buga ganga kamar injin markaɗe ba, ya zage ni tas ya ɗauki hularsa. Na so in rama, don bakina ba ya mutuwa, amma na dubi Baba na ga ya sunkuyar da kai yana murza hannun nan na hagu. Kawu mai bes ne ya yi ƙoƙarin kashe wutar. Ya yi dariya ya ce yaran da suke cikin faifan nan sun iya kiɗa, amma shi bai san su ba. Ya ce kada yaron nan ya damu, wato ni, idan ya gama cire doya sai a sake ɗauka.

Bai gama cire doyar ba. Zazzaɓi ne na kwana huɗu. Muka je jana'izarsa a ƙauye, Baba ya zauna a bencin baya na coci da carbinsa. 'Ya'yan Kawu suka sa ƙaton gogen a ɗakin ajiyar doya don babu wanda ya san abin da za a yi da shi. Kafin damina ta zagayo ciwon ya sake taɓa Baba, wannan karon hannun ya kwanta gaba ɗaya. Kawu mai ganga yana zuwa gaishe shi, amma ni ko gaisuwata da ƙyar yake amsawa, kuma ban ga laifinsa ba.

Na koma wurin mai situdiyo har sau uku, na yi masa masifa, na yi masa kuka. Ya bincika tsakani da Allah, babu. Ya tuna mini, cikin ladabi, cewa shi ya tambaye ni.

Abin da ban sani ba shi ne, duk tsawon lokacin nan Baba yana zaton ɗanyen yana nan a wani wuri. Wata Asabar bayan azahar ina ba shi kunu, sai ya dubi fiyanon da yanzu muka ɗora wa kwanuka a kai.

Ya ce, "Uwata, ki karɓo mini na farkon nan. Ba duka nake so ba. A na uku akwai wurin da hannuna ya tsaya, marigayi mai bes ya jira ni. Wurin kawai nake so in ji."

Na ajiye kofin na gaya masa gaskiya, cewa babu, kuma ni na ce a goge. Na so ya zage ni kamar yadda abokinsa ya yi, da na samu sauƙi. Bai yi ba. Sai ya ce to, ya buɗe baki in ci gaba da ba shi kunun.

Faifan yana nan a durowata, kwafi hamsin a leda, ban ba kowa ba. Wani lokaci idan ni kaɗai ce a gida nakan sa na ukun, in kasa kunne daidai wurin, ko na'urar ta manta da wani abu. Ba ta manta ba. Kiɗan yana wucewa ta wurin a guje, babu wanda ya tsaya wa kowa.