Shekara Uku a Cikin Wata Shida

An ce wai ɗan kawuna Mai Agogo ya zare. Wai ya kwance agogunan mutane kakaf, ya jiƙa allurorinsu a kofi ya shanye, tun daga ranar cikinsa ke ƙas-ƙas-ƙas, in sha biyu ta yi kuma sai ya yi atishawa goma sha biyu. Wata gwaggonmu ta rantse da kunnenta ta ji. Gwaggon nan kuwa shekara goma ke nan ba ta jin sallama sai an dafa kafaɗarta.

To ku kwantar da hankalinku, lafiyarsa ƙalau, ko ƙusa ɗaya bai haɗiya ba. Ga yadda aka yi.

Shekara ashirin da ɗoriya yana gyaran agogo a wani shago ƙarƙashin matakalar bene, wanda in ya miƙe ƙafa sai ta leƙa titi. Gilashi manne a ido ɗaya, hantsaki a hannu, baki a ɗinke. Kalmomin da yake furtawa a yini, kaza ma ta fi shi.

Sai matarsa, Tela, ta kama wani tari mai naci. Likita ya rubuta mata ƙwayoyi, kullum da safe har wata shida, ya kuma ja kunne cewa in ta riƙa tsallake kwana ciwon zai dawo da ƙarfinsa, maganin ya daina jinsa. Ba a yi sati biyu ba, Mai Agogo ya buɗe aljihun keken ɗinkinta yana neman almakashi, ya ga ƙwayoyin kwana uku kwance cikin maɓallai. Suka koma asibiti, suka sha faɗa, aka ce a sake ƙirge daga farko.

A hanya ta gaya masa ba ɗacin ne ya kashe mata jiki ba, kalandar bango ce. Duk sanda ta ɗaga ido ta ga shafukan da suka rage, sai ta ji gara ta haƙura. Suna shiga gida ya cire kalandar, ya ɗauko bayan kwali da biro.

A nan ya ƙirƙiro wata ƙasa can bayan gajimare, wadda ranarta tsohuwa ce malalaciya, ba ta tashi sai sarauniyar ƙasar ta haɗiyi tauraro. Sarauniyar ita ce Tela, tauraron kun gane shi. In ba ta haɗiya ba, gari ba zai waye musu ba, masunta su kwana a ruwa, kuma ranar ba ta shiga lissafi. Watansu kwana goma ne. Shekararsu wata shida: Ɗaci, Tsaki, Jiri, Ƙaiƙayi, Yunwa, sai Dariya. Ya kuma samo wani mataccen agogon bango, ya cire masa dogon hannu, ya raba fuskarsa gida biyar: Hamma, Gumi, Inuwa, Gulma da Minshari. Lokacin shan magani shi ne Hamma da rabi.

Da farko ta ce masa, "Baban yara, da furfurarka kake wannan shirmen?" Amma mutumin da ba ya magana, sai ga shi kullum da safe da labari: yau ranar ta ɓatar da takalminta, jiya wani masunci ya aiko yana roƙon sarauniya ta yi sauri, sanyi zai kashe shi. Tana tsaki tana haɗiyewa. Kafin ta gaji da wata, watan ya ƙare. Wata rana ya makara, ita ta tashe shi, wai mutanenta suna cikin duhu.

Lissafin ya bi jikinsu har suka manta na jama'a. Ranar gwajin ƙarshe, nas ta tambayi Tela tun yaushe take shan maganin, ta amsa da ƙarfinta cewa shekara uku cif, yau ƙarshen watan Dariya. Biron nas ya faɗi. Ta juya wajen mijin don ta ji na mai hankali, ta tambaye shi ƙarfe nawa ta sha na yau. Ya ce Hamma da rabi. Maƙwabciyarsu tana cikin layi, ta kwashe tas ta yi gida da gudu, kafin la'asar an ƙara atishawa a kai.

Shi kam ko a jikinsa, hankalinsa na kan takardar gwaji. Kwana biyu yana ɗaure ƙusa yana kwancewa. Da likita ya ce ƙirjinta fes yake, ta warke, sai gwarzon ya nemi benci ya zauna, ya cire hula ya rufe fuska da ita. Ya ce zafi ne. Fanka uku ke juyawa a ɗakin.

Jiya na leƙa shagon, na ga agogon mai gida biyar a rataye. Na rusuna har ƙasa na ce ranka ya daɗe, wazirin gajimare, a duba mini shekaruna nawa a ƙasarku, ko na kai ɗari biyu?

Bai ko cire gilashin daga idonsa ba. Ya ce, "A can ba ma ƙirga rana sai wadda mutum ya tsinana wani abu a cikinta. Da lissafinmu, kai ko yaye ka ba a yi ba."